Daƙiƙa Goma Sha Ɗaya

Ina ɓare wake a kicin,
akwatin talabijin na ta surutu shi kaɗai,
sai ga ni.
Ni ce a kan tsani, a wani gangare na Valparaíso,
gashina baƙi wuluk, buroshi a baki,
ina miƙa hannu ga idon kifin da ban gama ba.
Mai labarai kuwa tsadar kifi yake yi wa kuka.
Ba da ni yake ba, cike gurbi aka yi da ni.
Daƙiƙa goma sha ɗaya,
aka wuce hasashen yanayi.

Bangon na Don Evaristo ne, mai ɗinkin koma.
Wata huɗu na yi a kansa.
Masunta goma sha bakwai, kowa da irin hancinsa,
da Clorinda mai suyar kifi, har tabon mai na damtsenta,
da teku da asuba, launin ƙarfen da ya huce.
Da shuɗin fenti ya ƙare, agogon babana na sayar.
Na ɗauka zanen dutse nake yi.

Shekara na zagayowa sojoji suka zo da bokitai.
Sau uku suka shafa farar ƙasa,
don shafin farko bai rufe idon Clorinda ba.
Biyar daga cikin sha bakwai ɗin
ba a sake ganinsu ba, ko a bango ko a kwale-kwale.

Na yi shekara sha shida a Malmö
ina zana fure a gefen faranti, ɗari uku a wuni.
Na dawo da furfura, aka rataye zanena a manyan zauruka,
aka ba ni lambar yabo mai nauyin dutsen guga.
Littafin da ya jera ayyukana ya ce:
na farko, ya ɓace, babu hoto.

Washegari na hau bas zuwa Santiago.
A ɗakin ƙarƙashin ƙasa na gidan talabijin,
inda tsofaffin finafinai ke warin tsami,
wata yarinya, Ayelén Painemal, ta sauko da gwangwani.
An rubuta a jikinsa: bakin teku, mace na fenti.
Ta duba rajista, sau arba'in da uku aka haska ni,
ranar girgizar ƙasa, ranar mata,
har da shirin jawo 'yan yawon buɗe ido.

Ta ce, akwai ragowa, minti biyu da ba a taɓa sawa ba.
Ta kashe fitila.
Ga Evaristo ya riƙe mini tsani yana hamma.
Ga Clorinda ta miƙo mini kifi a takarda.
Ga Segundo, na uku cikin biyar ɗin nan,
ya hangi kyamara, ya rufe fuska da hula,
kafaɗunsa na rawa don dariya.
Fim ɗin ba shi da sauti. Ni na ji ta.

An ce kowa ya tuna bara bai ji daɗin bana ba.
Wanda ya faɗa ba a shafe masa bara da farar ƙasa ba.

Ayelén ta ɗauki biro: me zan rubuta, Doña Herminia?
Na fara da Segundo Almonacid.
Takardar ta cika a suna na shida,
ta ci gaba a jikin gwangwanin, tana juya shi a cinya.
Nawa ya samu wuri a ƙasa, kusa da tsatsa.

Jiya sun sake sa ni, kifi ya ƙara tsada.
Babu suna a allon, yadda aka saba.
Na ture kwanon wake, na matso da kujera.
Yarinyar nan ta kan tsani ba ta san kome ba tukuna,
idon kifi kawai ke gabanta.
Ban gaya mata ba.